Idon Hajiya Asabe da Ƙuri'arta

Har ranar da zan ajiye aikin nan, ba na jin wata Laraba za ta fita daga raina, Larabar da na tsaya tsakanin likitan ido da Hajiya Asabe a wani asibiti a unguwar Madinat Nasr, nan Alƙahira. Ku da kuka fara aiki kwanan nan kun sha ganin na hau faɗa idan tafinta ta rage maganar likita ko ta ƙara mata gishiri. Har na ji wata a cikinku tana cewa Anti Rabi ta cika masifa. Na ji, ban kuma musa ba. Ku dai gyara zama ku ji inda masifar ta samo asali.

A lokacin ofishinmu na unguwar Hayyin Ashir ɗaki biyu ne kacal, a saman wani shagon lemo. Ustaz Bashir ne manaja kamar yadda yake yanzu, Bahaushen Sudan, wanda kakanninsa suka taso daga ƙasar Hausa za su hajji suka yada zango a can. Ƙarƙashinsa akwai mai kula da fayil, da direba, da mu tafintoci uku. Tsarin aikin bai canza ba. Mara lafiya ya turo takardunsa daga Najeriya ko Nijar, mu nema masa likita, mu tarbe shi a filin jirgi, mu ba shi masauki. Fasfonsa ya zauna a durowar ofis, saboda da shi ake rajista a asibiti, da shi ake ƙara kwanakin biza. Tafinta kuma ta bi shi duk ɗakin da zai shiga. Dokar farko da aka koya min ita ce, abin da likita ya faɗa shi za ki mayar da Hausa, abin da mara lafiya ya faɗa shi za ki mayar da Larabci. Na haddace ta sarai, shekarata takwas a aikin lokacin.

Hajiya Asabe ta sauka ne wata Talata, zafi ya fara kamawa, a shekarar da jam'iyyu suke fidda 'yan takara a gida. Dattijuwa ce da ta haura sittin, 'yar kasuwar man gyada, kuma shugabar mata ta jam'iyyarsu a ƙaramar hukumarsu. Ƙanwarta Lami ce ta rako ta, mace mara magana, don Hajiya ta tattara maganar gidansu duka ta riƙe. Wayoyi biyu gare ta, ɗaya na ƙara ɗaya na jira. Tun a mota ta raɗa min suna 'Yar Masar. Yanar ido ce ta rufe mata idon dama, ga ciwon suga ya riga ya taɓa shi. Da na hagu take komai, da shi take karanta Alƙur'aninta, da shi take duba saƙon waya.

Ni ba 'yar siyasa ba ce, amma kwana biyu da Hajiya sai da na zama malama. Ta bayyana min cewa mazaɓarsu ta tarayya ƙananan hukumomi biyu ta haɗa, kujera ɗaya ce ta ɗan majalisar wakilai. Kafin babban zaɓe, kowace jam'iyya sai ta tsayar da mutum ɗaya, shi ne zaɓen fidda gwani. Ba kowa ne yake jefa ƙuri'a a wannan ba, sai daliget, wato mutanen da aka tsamo daga kowace gunduma. Mutum biyu ne suke neman tikitin. Akwai Honarabul mai ci, wanda ya yi zango biyu yana neman na uku, akwai kuma Malam Nuhu, tsohon shugaban makarantar sakandare. Hajiya daliget ce, kuma matan da ke cikin daliget inda ta juya nan suke juyawa. Ta riga ta tsaya gaban jama'a ta ce Malam Nuhu za ta yi.

Ta kuma faɗa min yadda ake wasan. Idan zaɓe ya matso, ɗan takara yakan kwashe daliget ɗinsa ya kai otal a wani gari, a karɓe wayoyinsu, don kada abokin hamayya ya kai gare su. Na ɗaya ɓangaren kuwa, wanda ya ƙi lallasuwa, sai a nema masa tafiya mai nisa. Wani a ba shi kujerar Umara, wani a tura shi taron bita, wani a tuna cewa ba shi da lafiya.

Na ce, "To Hajiya, ke wa ya ɗauki nauyin zuwanki?"

Ta yi dariya har ɗankwalinta ya zame. Ta ce, "Ofishin Honarabul mana! Shekara biyu ina roƙon a duba min idon nan, sai yanzu suka tuna ina da ido. Na san abin da suke nufi. Na ce zan zo, amma a sa min tikitin dawowa a hannuna. Alhamis ta sama zan koma, Asabar mu yi zaɓe."

Wallahi tun daga nan ta shiga raina. Ni ma daga irin garin nan na fito, na san yadda ake yi wa talaka. Sai na fara sa ido, kuma wanda ya fara sa ido ba ya rasa abin gani.

Abu na farko, an tsara aikin yanar ranar Alhamis, kwana biyu da saukarta. Ran Laraba da yamma Ustaz Bashir ya ce an mayar da shi Lahadi. Na tambayi dalili, ya ce, "Ma'alish, yi haƙuri, haka ya samu." Na kira sakatariyar asibitin kan wata magana daban, na zagayo na tambaye ta, ta ce ba su ne suka ɗaga ba, daga ofishinmu aka kira. To fa.

Abu na biyu, wani Ɗanjuma, mai taimaka wa Honarabul, kullum sai ya kira ofis. Mu mun saba da masu ɗaukar nauyi, sukan kira sau ɗaya su ji an sauka lafiya, shi ke nan. Wannan kuwa safe da yamma. Ran Litinin na shigo ɗaukar fayil, na tarar da Ustaz ya juya wa ƙofa baya yana cewa, "Tamam, na ji, amma ni ma akwai inda zan tsaya." Da ya gan ni ya kashe wayar, ya hau tambayata lafiyar yara, shi da bai taɓa sanin sunan ko ɗaya ba.

Ranar kuma na buɗe durowar fasfo, na Lami yana nan, na Hajiya babu. Mai kula da fayil ya ce Ustaz ne ya ɗauka ya kulle a tasa durowar. Nan na sha jinin jikina. Na hau mikrobas, ƙaramar bas ɗin haya, na tafi masaukinsu, na kwashe komai na faɗa wa Hajiya. Wannan ma kuskure ne, ku lura, don ba a kai wa mara lafiya zancen ofis, amma lokacin gani nake jihadi nake yi. Hajiya ta tafa hannu ta ce, "Ai na faɗa miki! 'Yar Masar, ki tsaya min." Na ce na tsaya.

An riga an yi aikin yanar tun ranar Lahadi, ya yi kyau. Saura dubawar ƙarshe ranar Laraba, Alhamis jirgi. Mun isa asibitin wajen ƙarfe goma na safe. Muna fitowa daga lif, wa zan gani a ƙofar likitan? Ustaz Bashir, mutumin da sai ya yi wata uku bai taka asibiti ba, yana tsaye da Daktur suna magana ƙasa-ƙasa, har Daktur yana dafa kafaɗarsa. Ya gaishe da Hajiya a gurguje ya wuce. Na kalli Hajiya, ta kalle ni.

Daktur dattijo ne mai furfura, mun daɗe muna kai masa mutane. Ya duba idon dama ya ce tamam, lafiya lau. Har na fara tattara takardu, sai ya ce bari ya leƙa na hagu tunda an zo. Ya ɗiga magani, muka jira, ya zaunar da ita gaban na'ura. Ya daɗe yana dubawa, ya daɗe ƙwarai. Ya tambaya ko tana ganin wani abu kamar walƙiya a gefen idon, ko ɗigo-ɗigo kamar ƙudaje. Na fassara. Hajiya ta ce e, kwana huɗu ke nan, ta ɗauka hasken Masar ne. A raina na ce wane tsoho ne ba ya ganin ƙudaje, tambaya ce kawai ta share hanya.

Ya ture na'urar ya juyo gare ni. Zan faɗa muku maganarsa yadda ya yi ta, don har yau tana kunnena. Ya ce, "Ki gaya wa Hajiya tantanin bayan idonta na hagu ya yage, ya fara ɓallewa daga sama. Bai kai tsakiya ba tukuna, shi ya sa take gani. Idan ya kai tsakiya za ta iya rasa idon gaba ɗaya, kuma kwanaki nake magana, ba watanni ba. Ina so in yi aiki gobe. Zan sa wata iska a cikin idon ta danne tantanin, kuma muddin iskar tana ciki ba za ta hau jirgi ba, mako uku ko huɗu."

Gobe, ranar jirgi. Aikin da in an yi shi ba hawa jirgi. A idon da ba shi ta kawo ba. Kuma daga bakin mutumin da na gani minti ashirin da suka wuce yana raɗa da Ustaz. Kai, jama'a! Ji na yi jinina yana tafasa. Na ce a raina, lallai mutanen nan sun iya shiri, har likita suka saya.

Sai na juya na ce, "Hajiya, ya ce ya ga wata matsala a idon hagu. Yana so ya yi aiki gobe, kuma bayan aikin ba hawa jirgi sai an yi kusan wata."

Iyakar abin da na faɗa ke nan. Maganar rasa ido, da maganar kwanaki, na haɗiye su. Na kuma bi ta da wani kallo da duk macen Hausa ta san ma'anarsa.

Hajiya ta ce, "Ke me kika gani?"

Na ce, "Ni dai na ga wanda na gani a ƙofar nan da safe."

Ta gyara mayafinta ta ce, "Ki ce masa na gode, gida za ni."

Da na mayar masa, Daktur ya cire tabarau. Ya juyo da allon kwamfuta yana nuna min hoton cikin idon, yana zagaye wani wuri da biro. Ko kallon kirki ban yi wa hoton ba, na ce ai hoto na kowa ana iya nunawa. Sai ya ce, "Tafiyar nan dole ce? Kwana nawa take da su kafin abin da za ta je yi? Ki tambaye ta, ina so in sani." Ni kuwa na ɗauka bugun ciki yake yi don ya kai wa su Ɗanjuma rahoto. Ban fassara tambayar ba sam. Na amsa da kaina na ce, "Harkar iyali ce, ya Daktur. Khalas, shi ke nan, za ta dawo." Ya daɗe yana kallona. Daga nan ya kawo takardar da mara lafiya yake sa hannu idan ya ƙi shawarar likita, Hajiya ta dangwala. Ya rubuta wata ya ce in ta ga duhu yana tasowa kamar labule, ta nemi likitan ido a wannan sa'ar. Na ce mata, "Ya ce in kin ga wani canji ki je asibiti."

Bayan azahar na faɗa ofishin Ustaz ko sallamar kirki babu. Na wanke shi tas. Na ce ya ji tsoron Allah, tsohuwa ta zo neman lafiya an mayar da ita fursuna. Na lissafa masa ɗaga aiki, da wayoyin Ɗanjuma, da fasfo, da raɗar da na gani da idona. Ya bar ni na gama. Sannan ya ce, "Zauna, Rabi." Na ce a tsaye ma ina ji.

Ya ce, "Gaskiya ne, Ɗanjuma ya nemi in riƙe ta har Asabar ta wuce. Ofishinsu yana turo mana mutane da yawa, na ji nauyi, na ɗaga aikin daga Alhamis zuwa Lahadi. Na yi, kuma na ji kunyar kaina. Ran Litinin na ce masa iyakata ke nan. Fasfon na ɗauke ne saboda ya ce zai turo wani ya karɓa. Asibiti kuwa fayil ɗin wani mutumin Maraɗi ya kai ni. Wallahi ban taɓa yi wa Daktur maganar Hajiya ba."

Na ce, "Wanda ya yi na farko, me zai hana shi na biyu?"

Ya ce, "To ki kai ta wurin wani likitan yau ɗin nan. Ke ki zaɓa, kada ma ki faɗa min sunansa."

Na ce, "Don a sake ɗiga mata magani, a ce mu dawo gobe, jirgi ya tashi? Ba ni fasfo."

Ya buɗe durowa ya ajiye shi a kan tebur, amma bai ɗage hannunsa daga kai ba. Ya ce, "Daktur ya kira ni, hankalinsa a tashe. Kin fassara mata duk abin da ya ce?"

Na ce, "Na fassara."

Ya ɗage hannun. Ƙarya na yi masa, ido cikin ido, kuma ko ɗar ban ji ba. Amsa laifin da ya yi, maimakon ya sa in saurare shi, sai ya ƙara tabbatar min cewa komai shiri ne. Likitocin ido kuwa cike suke a titin nan, da na so da kafin la'asar an sake duba ta.

Ran Alhamis da hantsi na raka su filin jirgi. Hajiya ta riƙe hannuna biyu tana sa min albarka, ta ce da irina goma ne a jam'iyyarsu da an daɗe da gyara ƙasa. Na dawo Hayyin Ashir ina jin kaina, har na sayi lemon mangwaro a shagon ƙasa na sha a tsaye.

Ran Asabar da yamma saƙon murya ya shigo. Hajiya ce, tana faɗa. Uwar jam'iyya ta ɗage zaɓen da mako guda, an ce jerin sunayen daliget bai iso daga sama ba. Na ce to ta dawo a duba idon kafin lokacin. Ta ce ina! In ta ɗaga ƙafa kwana ɗaya za a wawashe mata matan nan, don mutanen Honarabul gida-gida suke bi. Ta tara su a gidanta, tana dafa musu abinci, ita ce mai gadin ƙofa.

Ran Talata wani saƙon ya zo. A tsakiyar labarin siyasa ta ce, "Af, 'Yar Masar, idon nan kuwa wani duhu-duhu yake min daga ƙasa, kamar ana jan labule."

Ina cikin mikrobas na ji saƙon. Gabana ya faɗi, har matar da ke kusa da ni ta tambaya ko lafiya. Abin da Daktur ya rubuta ke nan, kalma da kalma. Na sauka ba a tashata ba na kira ta. Na ce, "Hajiya, don girman Allah ki bar komai ki nemi likitan ido yau, ko ki hau jirgi ki dawo."

Ta yi dariya ta ce, "A'a, 'Yar Masar! Ke ma sun same ki ne?"

Da wasa ta faɗa, amma ba duka ne wasa ba. Ni na koya mata zargin, ga shi ya dawo kaina. A nan ya kamata in buɗe baki in ce, Hajiya, na ɓoye miki magana, likita ya ce za ki iya rasa idon. Ban iya ba. Tsoro da kunya suka riƙe min harshe. Na yi ta cewa ki dai je, ki dai je. Ta ce bayan Asabar in Allah ya kai mu, kwana huɗu ne. Na kira Lami, ta ce ita ba ta isa ta juya Yaya ba, kuma mai irin wannan aikin sai an yi tafiyar yini daga garinsu.

An yi zaɓen ran Asabar. Hajiya ta shiga layi da matanta, Lami tana riƙe da gefen mayafinta saboda ta fara tuntuɓe. Malam Nuhu ya samu tikitin da ƙyar. Aka turo min bidiyo tana guɗa, hannu ɗaya a sama, ɗaya ya rufe idon hagu. Ban iya kallonsa har ƙarshe ba.

Kafin a sake samun biza da kujerar jirgi, sai da ta cika mako uku da barin Alƙahira. Wannan karon 'ya'yanta ne suka kawo ta. Na je wurin Ustaz na faɗa masa gaskiyar abin da na yi. Bai yi faɗa ba, da ma ya yi da ya fi min sauƙi. Ya ce kawai, "Ke za ki shiga da ita. Kuma duk abin da aka faɗa a ɗakin nan za ki mayar."

Daktur ya duba, ya jingina da kujera. Ya ce tantanin ya ɓalle duka, ya fara tattarewa. Zai yi aikin don a ceci abin da ya rage, amma kada ta sa ran wuce bambance haske da duhu. Na fassara, ban rage ko harafi ba. Ya tambaya me ya mayar da ita gida. Hajiya ta ba shi labarin zaɓen da bakinta, na mayar masa. Sai ya dafe goshi ya ce, "Ya Hagga," wato Hajiya, "ai abin da na tambaya ke nan ranar. Ba iska ce kaɗai ba. Akwai wani irin mai da muke sawa maimakonta ga wanda tafiya ta zama masa dole. Da shi, bayan 'yan kwanaki za ki hau jirgi, daga baya ki dawo a cire."

Hajiya ta juyo da idonta na dama ta ce, "Me ya ce?" Na faɗa mata. Na ga tana lissafi da yatsu, daga Alhamis ɗin da ya so yin aikin zuwa Asabar ta biyu da aka yi zaɓen.

Da muka fito, ta ce 'ya'yanta su je su nemo mota. Muka zauna a benci a barandar asibitin, mu biyu. Ta ce, "Rabi." Ranar ce karon farko da ta kira ni da sunana. "Ya ce ya yi tambaya ranar nan. Ni ban ji an tambaye ni komai ba. Faɗa min abin da ya ce tun daga farko, yadda ya faɗa."

Na faɗa mata duka, da rasa idon, da kwanaki ba watanni ba, da tambayar da na amsa a madadinta, da likita na biyu da Ustaz ya ce in kai ta. Ina yi ina kuka kamar yarinya. Ta bar ni na kai ƙarshe.

Ta ce, "Kin san wani abu? Da kin faɗa min haka, wataƙila da na tafi duk da haka, don ni ma kaina da tauri. Wataƙila kuma da na zauna. Ban sani ba, kuma ba zan taɓa sani ba. Su Ɗanjuma sun so su hana ni ƙuri'ata, amma su na san abokan gaba ne, na shirya musu. Ke kuwa na ba ki kunnena, kika yanke hukunci a kan idona ba ki tambaye ni ba."

Na durƙusa a gabanta, mutane suna wucewa suna kallo. Na ce ta yafe min. Ta ce, "Na yafe, don na san ba mugunta ba ce. Tashi, kada ki tara mana Larabawa."

An yi aikin, ya tsaya inda Daktur ya ce. Idon dama da suga ya taɓa yana nuna mata hanya da fuskar mutum, amma ba ya karatu. Honarabul kuwa da ya rasa tikiti ya tsallaka wata jam'iyyar, suka sake haɗuwa da Malam Nuhu a babban zaɓe, Honarabul ya ci ya koma kujerarsa. Ustaz ya daina karɓar mutanen ofishinsu, ni kuma ya cire ni daga shiga asibiti wata uku, ina zaune ina jera fayil.

Abin da nake so ku ɗauka shi ne, zargina ba duka ne ƙarya ba. An so a riƙe matar nan, an kuma fara. Mutanenmu suna zuwa mana da siyasarsu da rigimar gidajensu a cikin jaka, kuma mun saba da cuta har mun daina yarda akwai mai faɗar gaskiya don Allah. Za ku ga abin zargi a aikin nan, da yawa ma. Amma a ɗakin likita ba ku da ra'ayi. Ku mayar da magana cikakkiya, mai daɗi da mara daɗi, kowace tambaya ta isa ga mai ita. In kun fito waje, sannan ku ce, ni kaza nake zargi, kuma zargina ne, ba maganar likita ba. Ku kai mutum wurin likita na biyu, ku bar shi ya yanke wa kansa.

Hajiya Asabe tana zuwa duk shekara a duba mata idon dama. In ta shigo ofis takan nemi inda nake, mu gaisa, ta tambayi yarana ɗaya bayan ɗaya, har man gyada take kawo min. Amma tun daga ranar ba ta sake yarda na shiga ɗakin likita da ita ba, kullum sai ta ce wa Ustaz a ba ta wata. Jirginta zai sauka ran Lahadi, kuma ɗaya daga cikinku ce za ta raka ta.